Ranar da Baba Ya Sa Tabarau

"Auta, kina ina?"

Muryar Mama ce a waya, ƙasa-ƙasa, irin ta wadda ta laɓe a bayan ƙofa don kada a ji ta. Auta ta ɗauke ƙafa daga kan keken ɗinki, ta maƙale wayar tsakanin kunne da kafaɗa.

"Ina shago mana, Mama. Lafiya?"

"Ina fa lafiya! Babanki ya fito. Shi da Goggonki da ɗanta Lauya, a motar Lauyan. Wurinku suka nufa."

Almakashin da ke hannunta ya suɓuce ya faɗi ƙasa.

"Wurinmu? Gidan gem? Me Baba zai zo yi a nan?"

"Lauya ne ya nuna masa wani abu a waya. Ni dai ban gani ba, fuskarsa kawai na gani. Tun da na auri mutumin nan ban taɓa ganin ya bar shayinsa da zafi ya tashi ba sai yau. Auta, don Allah me kuka yi?"

Auta ta sunkuya ta ɗauki almakashin. Ta sani sarai abin da aka nuna masa.

Shagon nata ɗan ƙaramin ɗaki ne a ƙuryar gidan gem, wato gidan wasannin kwamfuta, a saman bene. A nan take ɗinka wa samari da 'yan mata kayan jaruman gem: sulken soso da ake fesa wa fenti ya koma kamar ƙarfe, alkyabbu masu ja da ƙasa, fukafukai, ƙahonni. Duk Asabar ranar shiga ce, kowa ya zo cikin kamannin jarumin da yake so. A tsakiyar zauren akwai manyan tabarau rataye da waya. Wanda ya sa ɗaya sai ya tsinci kansa a cikin wasan tsundum, ya waiga dama ya ga dutse, ya waiga hagu ya ga teku, mutanen waje kuwa suna kallon abin da yake gani a babban allon bango.

Dogo ne mai haɗa wasannin barkwancin gidan. Sai ya ɗauki gem ɗin da kowa ya sani ya murɗe shi: mayaƙin da ke yanka dodanni ya koma mai tsoron kaza, tseren motoci ya koma kowace mota sai ta tsaya ta gaida 'yar'uwarta. Shi Auta take so, ita yake so, kuma duk unguwa an sani.

Baba ma ya sani. Ranar da Dogo ya je gaishe shi da maganar aure, ko ruwa bai bari an kawo ba.

"Mutumin da sana'arsa rufe wa 'ya'yan mutane ido su yi ta dukan iska kamar masu taɓin hankali? A'a. Ga ɗan ƙanwata Lauya nan, mai aikin da ake faɗa a gaban jama'a. Magana ta ƙare."

Washegari Auta ta wuni tana kuka a kan keke. Dogo ya rasa yadda zai rarrashe ta, sai ya ce bari ya haɗa mata wasa, nasu su biyu. Ya ɗauki wani sanannen gem da jarumi ke hawan hasumiya don ceto gimbiya, ya mai da shi na mai neman aure. A hawa na farko goggonni ke jifan mutum da tambayoyi. A na gaba yayye maza ne suka tare ƙofa. Can a ƙololuwa kuwa sai Dodon A'a.

Ƙato kawai Dogo ya zana, mai babban kai, ba kamannin kowa. Ita ce ta share hawaye ta ce, "Ba haka yake ba. Ba ni rigar nan."

Ta sa rigar da ke ɗaukar motsin jiki ta tura wa kwamfuta. Ta ɗauki sandar awonta ta dogara. Ta yi tafiyar Baba: dama gaba, hagu a ja, kafaɗa ta karkace. Ta ƙara da murya, "A'a! Magana ta ƙare!" Suka yi dariya har cikinsu ya ƙulle. A ranar ta ji kamar ta rama wani abu.

Asabar ɗin da ta wuce ne abokin aikin Dogo ya ci karo da wasan a kwamfuta, ya ɗauka sabon barkwanci ne na jama'a, ya ɗora shi a babban allo. Kafin Dogo ya dawo daga inda ya je ya cire shi, an riga an ɗauka a waya, an watsa.

Auta ta fito daga shagon da gudu, zare na bin gefen rigarta. Zauren cike yake, kiɗa na tashi. Ta ratsa tsakanin wani mai fukafukai da wata mai takobin kwali, ta iske Dogo yana gyara wa wata yarinya maɗaurin tabarau.

"Baba yana hanya."

Ya juyo a hankali. Murmushin da ke fuskarsa ya mutu.

"Ya gani?"

"Yaya Lauya ya nuna masa."

Ya ja ta gefe, bayan teburin kwamfutoci. Muryarsa a tsaye take.

"Saurare ni da kyau. Ni na yi. Zanen nawa, tafiyar tawa, muryar tawa. Ke ba ki san komai ba, a waya kika gani kamar kowa."

"Ƙarya za ka yi masa?"

"Ni ai ya riga ya ƙi ni, Auta. Wanda ke ƙasa ba ya tsoron faɗuwa. Amma ke 'yarsa ce. In ya san ke ce..."

"Ba zan bari ka ɗauki kayan da ba naka ba."

"Nawa ne. Ni na ce a yi wasan. Yi min alkawari ba za ki buɗe baki ba."

"Dogo..."

"Yi min alkawari!"

Kafin ta amsa sai zauren ya kaure da ihu da tafi. Suka leƙo tare.

Wani saurayi ne ya fito daga ɗakin canza kaya. Ya manna gemun auduga fari, ya sa tsohuwar kwat mai ruwan toka, ya riƙe sanda. Ya tako tsakiyar fili yana jan ƙafar hagu, kafaɗa a karkace. Ya buga sandar a ƙasa ya daka tsawa.

"A'a!"

Zauren gaba ɗaya ya amsa, "Magana ta ƙare!"

Auta ta dafe ƙirji. Dogo ya zabura zai je ya janye shi, amma ya makara. Daga matakalar bene aka fara jin wani sauti, ƙwas, sai shuru, ƙwas, sai shuru. Sautin da ta tashi da shi tun tana rarrafe.

Baba ya bayyana a bakin ƙofa, yana haki kaɗan saboda hawan. Kwat ɗinsa mai ruwan toka a jikinsa, sandarsa a hannu. Goggo na bayansa tana gyara mayafi, Lauya kuma na gefe, yana kaɗa makullin mota a yatsa.

Saurayin mai gemun auduga ya juyo ya gan shi. Ya ware ido. Ya tuntsire da dariya, ya nufo shi da hannu a miƙe.

"Kai! Jama'a ku zo ku ga gwani! Wallahi wannan ya fi ni iyawa. Baba, wa ya haɗa maka shigar nan? Har tafiyar! Don Allah ɗan sake takowa mu ɗauka."

Wasu suka ɗaga wayoyi. Wata ta yi guɗa.

Baba ya dubi saurayin daga gemun audugar har zuwa ƙafar da yake ja. Ya daɗe yana kallon ƙafar.

A hankali dariyar saurayin ta fara tsinkewa. Ya dubi gemun Baba, ya ga ba manna shi aka yi ba. Sandar hannunsa ta faɗi.

Dogo ya kashe kiɗan.

"Kowa ya fita," in ji shi. "Don Allah ku yi haƙuri, an tashi. Ku sauke wayoyin nan, ku fita."

Suka fice sum-sum, masu ƙaho da masu fukafukai, ba mai iya haɗa ido da wani. Zauren ya koma shuru, sai ƙarar fanka.

Dogo ya durƙusa har ƙasa.

"Barka da zuwa, Baba."

"Ba gaisuwa ta kawo ni ba. Ina abin?"

"An cire shi, Baba. Tun ranar na cire shi daga na jama'a."

"Ban tambaye ka na jama'a ba. Yana nan ko ba ya nan?"

Dogo ya sunkuyar da kai.

"Yana nan."

"Sa min."

Lauya ya matso da sauri. "Kawu, ai ba sai ka sa wannan shirmen a fuskarka ba. Abin da na nuna maka a waya ya isa hujja."

"Hoton waya ƙarami ne," Baba ya ce, bai ko dube shi ba. "Ina so in gan ni da girmana, kamar yadda yaran nan suka gan ni."

Auta ta tako. "Baba, don girman Allah kada ka sa."

Ko inda take bai kalla ba. Ya miƙa wa Goggo hularsa, ya tsaya a tsakiyar fili.

Dogo ya ɗauko tabarau ɗin, ya sa masa da hannu biyu, ya ɗaure maɗaurin a hankali kamar mai ɗaure ciwo. Ya koma kan kwamfuta. Babban allo ya kawo haske.

Baba ya ɗan yi tangaɗi da ya tsinci kansa a wata duniya. Ya miƙa hannu yana laluben bangon da babu shi. A allo suka ga abin da yake gani: wani dogon zaure mai duhu a ƙololuwar hasumiya, da ƙatuwar ƙofa a ƙarshensa.

Ƙofar ta buɗe.

Dodon ya fito. Kansa ya kusa taɓa rufi, gemunsa fari har ciki, sandarsa kamar turken wuta. Ya tsaya, ya dafa gwiwar hagu da yatsu biyu, ya cije leɓe, sannan ya jawo ƙafar. Ya sake. Ya sake. Har ya zo ya tsaya a kan Baba, ya sunkuyo.

"A'A! MAGANA TA ƘARE!"

Goggo ta yi salati ta toshe baki. Baba ya ɗaga kai sama yana kallon abin da su ba sa gani sai a allo. Bai ja da baya ba.

"Mai da shi baya," ya ce. "Daga inda ya fito."

"Baba..."

"Na ce ka mai da shi."

Dogo ya mayar. Dodon ya sake fitowa, ya sake dafa gwiwa, ya sake cije leɓe. Auta ta runtse ido, hawaye na bin kumatunta.

Baba ya cire tabarau ɗin da kansa. Idanunsa sun kaɗa sun yi ja, maɗaurin ya bar masa sawu a goshi. Ya miƙa wa Dogo.

"Wa ya yi tafiyar nan?"

"Ni ne, Baba."

"Kai ne."

"Ni ne. Ni kaɗai. Raina ne ya ɓaci da ka ƙi ni, shaiɗan ya shiga. Auta ba ta sani ba. Duk hukuncin da ka yanke na karɓa."

"Ka ji ko, Kawu?" Lauya ya ce. "Da bakinsa. Irin wannan ne zai riƙe maka 'ya?"

Baba ya ɗaga masa hannu ya dakatar da shi. Ya nuna sandar saurayin nan da ke yashe a ƙasa.

"Ɗauki. Yi min ita in gani."

Dogo ya ɗago a firgice. "Baba, ba zan iya yi a gabanka ba."

"A bayana ka iya. Ɗauki."

Dogo ya ɗauki sandar. Ya yi taku ɗaya, ya ja ƙafa. Ya ƙara wani. Gumi na tsiyaya daga goshinsa. Tafiyar ba ta yi kama da komai ba, sai ta mai ciwon ƙaya.

"Ya isa," in ji Baba. "Ajiye."

Ya gyara tsayuwa a kan sandarsa. Muryarsa ta yi sanyi, sanyin da ya fi tsawa ban tsoro.

"Yaro, ranar da ka zo gidana a zaune ka same ni, a zaune ka bar ni. A titi kuwa kowa ya san ina jan ƙafa, wannan ba sirri ba ne. Amma dodon nan naka, kafin ya ɗaga ƙafa sai ya dafa gwiwa da yatsu biyu, ya cije leɓe. Ba na yin haka a waje. Ko gaban ƙanwata ba na yi. Sai a tsakar gidana, da safe, in ƙafar ta kwana ta sandare, lokacin da na ɗauka ba mai kallona."

Ba wanda ya motsa.

"Mutum biyu ne a duniya suka san wannan. Ɗaya tana gida, ba ta ma san yadda ake kunna kwamfuta ba."

Auta ta zube a gabansa, ta kama gefen wandonsa.

"Ni ce, Baba! Ni ce! Shi ƙato kawai ya zana, ni na ce ba haka kake ba. Ni na sa rigar, ni na yi tafiyar, har muryar tawa ce ya ƙara mata kauri. Baba ka yafe min. Raina ne ya ɓaci, ban san zai fita ba, wallahi ban san..."

"Da bai fita ba fa?" Sai yanzu ya dube ta. "Da shi ke nan, ba laifi? Ku rufe ƙofa ku biyu ku yi ta dariyar gurgu?"

"Ba haka ba ne, Baba!"

"To yaya ne?"

Kuka ya ci ƙarfinta.

Dogo ya matso a kan gwiwoyinsa. "Baba, ba ka ga ƙarshen wasan ba. Ba a kashe dodon nan. Duk wanda ya zare takobi ya faɗi. Ba a cin wasan sai an ajiye makami an durƙusa an gaishe shi, sannan ya buɗe ƙofar da kansa. Ita ta ce a yi haka. Bari in nuna maka, don Allah."

"Ba na buƙatar ƙarshe. Na ga tafiyar."

Goggo da ke ta huci tun ɗazu ta kasa daurewa. Ta wurgar da jakarta a kan kujera ta tsaya a kan Auta.

"Ke! 'Yar nema! Kin san ƙafar da kike kwaikwaya? Kin san inda ya baro ta?"

"Ke, ya isa," Baba ya ce wa Goggo.

"Bai isa ba, Yaya! Shekara da shekaru ka hana mu faɗa, yau ga sakamakon da ka samu. Wallahi sai ta ji!"

Auta ta ɗago fuska jiƙe da hawaye. "Ba a wurin aiki ba ne? Ba a tashar jirgi ba?"

"Tashar uwar wa? A ƙofar gidanku ne! Kina 'yar tatata, kika sulale kika fita titi, babbar mota na ja da baya. Ubanki ya dawo daga aiki ko takalmi bai cire ba, ya yi tsalle ya ture ki. Ke kika tashi da ƙujewa a gwiwar hannu, shi taya ta bi ta kan ƙafarsa. Tuƙin jirgin ƙasan da yake taƙama da shi, a ranar ya rabu da shi. Yana kwance a asibiti ya tara mu ya ce duk wanda ya gaya miki bai yafe ba, kada ki tashi da nauyin abin a zuciya. Shi ne yau kika sa riga kika..."

"Na ce ya isa!"

Sandar Baba ta daki ƙasa. Goggo ta fashe da kuka.

Auta ta daina kuka. Ta zura wa ƙafar ido, ƙafar da take gani kullum ba ta taɓa tambaya ba. Ta miƙa hannu za ta taɓa ta. Baba ya janye.

Lauya ya gyara murya, ya matso kusa.

"Kawu, ka kwantar da hankalinka. Ni duk da haka ban fasa ba. Yarinta ce da mugun abokin zama. In ta shigo hannuna zan gyara ta."

Baba ya juya gare shi a hankali.

"Kai yaushe ka ga hoton nan?"

"Tun farkon mako, Kawu."

"Tun farkon mako. Kullum kana gidana, ba ka faɗa ba. Sai yau Asabar, da ka san wurin cike yake da yara, ka ce in taso yanzu-yanzu. A mota na ce mu bari sai an watse, ka ce a'a, gara a kama su dumu-dumu."

"Kawu, ni don in kare mutuncinka..."

"Mutuncina ka kawo gaban yara suka ɗaga masa waya. Su da wauta suka yi nasu. Kai da lissafi ka yi naka." Ya karɓi hularsa daga hannun Goggo. "Ɗauki uwarka ka kai ta gida. Maganarka da 'yata ta mutu a nan."

Makullin motar ya daina kaɗawa a yatsan Lauya.

Baba ya dubi Dogo, wanda har yanzu ke durƙushe.

"Kai kuma. Ka yi min ƙarya a fuskata don ka rufa mata asiri. Ban san ko in tsine maka ko in yaba maka ba. Kana sonta?"

"Fiye da raina, Baba."

"To na ba ka. Ga ta nan. Ku je ku yi ta dariyarku. Amma ba daga hannuna za ka karɓe ta ba, kuma ranar da ta bi ka, ta gama taka ƙofar gidana."

Ya juya ya nufi matakala. Ƙwas, shuru. Ƙwas, shuru. Goggo ta bi bayansa tana kiran "Yaya, Yaya," Lauya ya ja hannunta.

Zauren ya rage daga Auta sai Dogo. A allo dodon na nan tsaye, yana jiran wanda zai gaishe shi. Dogo ya tashi ya zare wayar wutar gaba ɗaya.

"Ka ji abin da ya ce?" Muryarta ta dushe. "Ya ba ka ni."

"Bai ba ni ba, Auta. Jefar da ke ya yi, ya ce in tsinta."

"To ka tsince ni mana! Ba ni kake so ba?"

Ya juya mata baya, ya dafa teburin da hannu biyu.

"Tashi ki bi shi."

"Dogo, in na bi shi na rasa ka. Ka san Baba, ba ya magana biyu."

"In kika zauna kuma fa? Yau za ki ce kin zaɓe ni. Gobe ki haihu, ba kakan da zai ɗauki ɗan. Ki ji Baba ba shi da lafiya, ba dama ki je. Wata rana za ki dube ni ki ga mutumin da ya raba ki da wanda ya ba da ƙafarsa dominki. Gara ki bar ni kina sona da ki zauna da ni kina ƙina."

"Ba zan taɓa ƙin ka ba!"

"Haka kike gani yanzu."

"To mu je tare mu roƙe shi."

"Ba yau ba. Yau fuskata ita ce fuskar dodon nan a wurinsa." Ya juyo, hawaye sun wanke masa fuska, bai damu ya share ba. "Tsoho ne, ransa a ɓace, ga titi da motoci. Kina nan kina ja da ni, shi yana can shi kaɗai. Tashi, Auta. Don Allah tashi tun ban canza magana ba."

Ta miƙe. Ta dube shi kamar mai son haddace fuskar. Sannan ta kwasa da gudu.

A ƙasa motar Lauya na tsaye, ƙofa a buɗe, Goggo na ciki tana share ido. Baba bai shiga ba. Ga shi can ya miƙi gefen titi a ƙasa, cikin rana. 'Yan shigar da aka kora suna tsaye jingim a gindin bene, riƙe da ƙahonni da takubbansu, kowa ya sunkuyar da kai da ya wuce.

Auta ta bi shi. Ba ta da ƙarfin halin jerawa da shi, sai ta rage tafiya, ta tsaya 'yar tazara a bayansa. In ya taka ta taka. In ya tsaya ya huta ta tsaya.

Sun wuce shagon mai gyaran waya, sun kusa kwana, sai ya ja ya tsaya. Bai waigo ba.

"Kada ki bi ni a baya."

"Baba..."

"Duk wanda ya gan ki a bayana yau, cewa zai yi kwaikwayona kike yi."

Maganar ta soke ta har ƙashi. Ta toshe baki da mayafi.

"Hanya biyu ce," ya ci gaba, idonsa na kan titi. "Ki koma benen can, ki manta da ni. Ko ki wuce gabana mu tafi gida, ki manta da benen da wanda ke cikinsa. Duk wadda kika ɗauka, ba waiwaye."

Daga sama, ta tagar gidan gem, ta ji an kira ta. Sau ɗaya tak, da muryar da ta karye a tsakiya, muryar wanda ya ce ta tafi amma zuciyarsa ta ƙi bin bakinsa.

"Auta!"

Duk jikinta ya amsa. Wuyanta ya fara juyawa da kansa. Ta damƙe mayafinta har farcenta ya shiga tafin hannu.

Ta ɗaga ƙafa. Ta raɓa ta gefen Baba, ta wuce gabansa.

Tafiya take ba ta ganin hanya, hawaye sun rufe mata ido. Ba ta san tana sauri ba, gudun kiran nan take kada a sake yi ta kasa. Sai da ta yi nisa ta ji muryar Baba a bayanta, ba tsawa, ba fushi, muryar tsoho da ya gaji.

"Rage sauri, 'yar nan. Ba zan iya cim miki ba."